Tofin da Muka Yanke

Ni ɗan Talata Mafara ne, kuma ban taɓa jin kunyar ɗaukar kyamara in shiga zauren malamai ba. Abokan aikina na Gusau suna tsoro kada a kore su. Ni kuwa da rubutun sha aka raine ni, na san inda ake tuɓe takalmi da inda ake yin shiru.

Da muka tashi yin fim a kan masu warkarwa da addu'a, na zaɓi wani tsohon malami a Bakura. Na san shi ta wajen yayata. Tun da ɗanta ya rasu ƙirjinta ke ƙuntata har ta kasa cin abinci, kuma ba abin da ke sassauta mata sai ta je ya yi karatu a kan kofin ruwa, ya tofa, ta sha. Malam ya tsufa ƙwarai, muryarsa ta fara dushewa. Abin da ke damuna shi ne inda za ta nufa in ba shi.

Ya yarda mu ɗauka, da sharaɗin ba fuskar kowa sai tasa. Na ajiye makirufo dab da bakinsa. Duk ƙarshen aya sai ya sunkuya ya hura a ruwan, ƙarar ta daki makirufon kamar an buga tabarma.

Mai tace mana fim gwani ne, ba na musu. Ya zauna ya share wannan ƙara tas, karatun ya fito sumul, har yana yaba kansa. Na kai wa yaya a waya ta gani. Ta saurara kaɗan, ta miƙo mini wayar.

"Mi kunka yi ma karatun Malam? Ina tohin? Ai maganin kunka hidda."

Na koma wajen mai tacewar na ce a mayar da kowane numfashi inda yake. Ya ce masu kallo za su ɗauka ba mu iya aiki ba. Na ce su ɗauka, fim ɗina ne. Muka yi ta ja har ya gaji ya mayar, yana gunaguni. Na tura wa yaya a wayarta.

Malam ya rasu da damina, ana cikin noman shinkafa. Bayan zaman makoki na leƙa gidan yaya da hantsi, na same ta a tsakar gida, ta ɗora wayar a bakin kofin silba, muryarsa na fita. Da ya zo wajen tofin sai ta ƙara matso da kofin.

Na fi kowa sanin ba iskar da ke fitowa daga waya, ni na ɗauki sautin da hannuna. Na zauna kusa da ita har ta shanye, ta goge baki, ta ce in tsaya a zubo mana tuwo.