Garin Maganin da Na Zuba wa Kaka a Fura

Har yau idan na ji mai magani yana shela da lasifika a kasuwar Bodinga, ba na iya wucewa ta gabansa. Nakan canja hanya in bi ta layin masu albasa, ko da ba albasa zan saya ba. Maigidana yana zaton ƙarar ce ba na so, ni kuma ban taɓa gyara masa ba. Kai da kake karantawa ba ka san ni ba, shi ya sa zan iya gaya maka.

A Horo Birni na taso, a ɗakin kakata ta wajen uwa. Can aka kai ni yaye, ta riƙe ni ba ta mayar ba. Sunanta aka sa mini, don haka Takwara take kirana. Ɗakin yana ƙanshin daddawa da hayaƙin kara, kuma da damina yakan yi yoyo a kusurwa ɗaya, inda muke tara tsohuwar ƙwarya.

Kaka ungozoma ce. Ba ta san baƙi ba, amma duk garin yana cikin kanta. Ta san wanda aka haifa a kowace damina, ta kuma san wadda ta shayar da ɗan wata lokacin da uwarsa ta kwanta ciwo ko ta rasu. Wannan ba ƙaramin abu ba ne a wajenmu, domin waɗanda suka sha nono ɗaya ba sa aure. Kafin a sa rana, dattawa sukan zo su zauna a zaure su aiko da tambaya. Kaka takan rufe ido kaɗan, sannan ta ce, "A'a. Yaron ga ya sha nonon uwatta, shekarar da rijiyar yamma tar ruhta." Shi ke nan magana ta mutu, ba mai musu.

Ina aji biyar ta fara mantuwa. Da farko gishiri ne take zuba wa miya sau biyu, muka yi ta dariya. Daga baya ta riƙa yin la'asar ta sake yi. Wata rana dattawa suka zo da tambayarsu, ta rufe ido kamar kullum, ta daɗe, ta buɗe ta ce su dawo gobe. Da suka tafi ta zauna a bakin gado tana murza gefen zaninta.

"Takwara," ta ce, "an kwashe mini kaya, ban ga wanda ya shigo ba."

Da ƙaramar Sallah aka kai ni Bodinga gidan gwaggona. Mijinta tela ne, yana da talabijin da ɗan janareta. Da rana aka tara mu yara a tsakar gida aka sa mana wani fim na Turawa da aka juya zuwa Hausa. Wani mutum ne likitoci suka kifa wa hular ƙarfe mai wayoyi, da ya farka sai aka ce ƙwaƙwalwarsa ta buɗe. Yana kallon mota ta tsaya cak. Yana ɗaga gira bindigogi su zube daga hannun masu binsa. Yara suna ta tsalle saboda faɗan. Ni wuri ɗaya ne ya kama ni. Mutumin ya zauna shi kaɗai, sai fuskar duk wanda ya taɓa gani a duniya ta dawo masa, yana kiran sunayensu ɗaya bayan ɗaya, bai rasa ko guda ba.

Na je wajen mijin gwaggo na ce, "Baba, abin ga gaskiya na?"

Bai ɗago daga keken ɗinki ba. Ya ce, "Turawa? Rai kaɗai ab ba su yi."

Wasa yake yi. Ni kuwa ban taɓa iya raba wasan manya da gaskiyarsu ba.

Bayan mako biyu na bi wata maƙwabciyarmu kasuwar Shagari in sayar wa Kaka daddawa. Ana tsakiyar zafin bazara, ƙasa tana ƙona ƙafa ta cikin silifa. Can gefe na ji lasifika tana cewa ga maganin buɗe ƙwaƙwalwa, ga ɗalibi, ga mai mantuwa. Na tsaya kamar an dasa ni. Na kwance goron Sallata daga bakin zani na miƙa. Mutumin ya ba ni wani gari mai ruwan ƙasa a ƙunshe cikin tsohuwar takarda, ya ce bakin cokali kawai, safe da yamma.

A hanya na yi ta lissafi irin na yara. Bakin cokali ai na ɗalibin da ya manta karatun jiya ne. Kaka gari guda ta manta. Washegari da azahar na dama mata fura, na juye ƙunshin gaba ɗaya.

Ta kurɓa ta yamutsa fuska. "Takwara, hurag ga da ɗaci take."

"Nonon ne ya kwana, Kaka."

Ta dube ni, ta yi murmushi, ta shanye har ƙasan ƙwarya. Ba ta zubar da abinci, balle wanda na dama.

Na zauna kusa da ita ina jiran ta fara kiran sunaye. Kafin la'asar ta fara amai, zufa ta jiƙa mata riga, hannunta yana rawa. Na ruga gidanmu a can cikin gari na kira Inna, mahaifiyata. Aka nemo mota aka kai ta asibiti a Shagari, Inna ta bi ta. Ni aka bar ni da tsaron ɗaki. Na jefa takardar a murhu, na wanke ƙwaryar sau uku.

Kwana biyu suka yi. Kaka ta dawo da ƙafarta, amma magana ta ragu. Takan bi ni da ido duk inda na yi, ba ta sake kirana Takwara ba, ba ta kira ni da komai ba. Gero yana fitar da kai ta rasu. Ba wanda ya tambaye ni komai. Inna kaɗai ta ji abin da likita ya faɗa, ni kuma ban iya tambayarta ba.

Shekaru na yi ina juya abin. Wata rana in ce ciwonta ne ya kai inda zai kai, gobe in ce garin nan ne. Na taɓa tambayar wani malami a fakaice, kamar labarin wata, ya ce Allah niyya yake dubawa. Hankalina ya kwanta mako guda, sannan na tuna ƙaryar nonon. Duk zuwana gida sai na shirya maganar tun daga mota, in iske Inna tana sussuka ko tana da baƙi, in ce sai wani zuwan.

Bara na ɗauko ta ta dawo wajena, domin ita ma ta fara mantuwa. A asibiti sun ce ciwon tsufa ne, babu mai mayar da abin da ya tafi. Wata safiya ina taje mata kai na faɗa mata duka, tun daga fim ɗin har wankin ƙwarya. Na ce, "Inna, mi likita yac ce?"

Ta girgiza kai. "Allah sarki. Yarinyag ga ta ji tsoro. Ɗiyar wa ta?"

Na ci gaba da taje mata kai.

"In kin gan ta," ta ce, "ki ce ta bar kuka."

Yanzu a garinmu ba a zama a zaure don tambayar nono. Kowa yana cewa a iya saninsa babu, a ɗaura. Yarana suna kallon irin finafinan nan a waya, babbar har tana bayyana mini yadda ake haɗa su da kwamfuta, ba mai ruɗarta. Ni kuma duk ƙwayar da zan ba Inna sai na karanta takardarta sau uku, in kira yarinyar ta sake karanta mini. Abin da likitan Shagari ya faɗa ya tafi, ba zan ji shi ba. Saƙon Inna kaɗai ya rage mini, kuma har yau ban san yadda zan isar da shi ba.