Injin Kawu da manuniyata

Ƙarfe goma saura kwata na safe ne igiyar rijiya ta yanke ni. Na san lokacin don idona yana kan agogon hannuna, ina so in gama ban ruwan awaki in koma gida in buɗe littafin falsafa kafin rana ta ɗaga. Hutun Disamba ne, ina ajin ƙarshe a lise, babbar sakandare, a Tanut, na zo ganin gida a ƙauyenmu da ke kwarin Tarka. Rijiyarmu tana da zurfi, takarkari ne ke jan wasaki. Igiyar ta taɓa tsinkewa, wani ya ga tufka sabuwa wahala ce, sai ya haɗa bakin da waya. Ina riƙe da ita aka kora takarkarin ba a ce da ni komai ba. Wayar ta bi ta gindin manuniyata ta dama ta wuce.

A ƙaramar likitar da ke kusa da mu, wato ɗan asibitin karkara, majo mai jinya ya wanke ciwon, ya ɗinke fatar. Ɗinki mai kyau kuwa, har yau tabon siriri ne. Amma bai ce in lanƙwasa yatsan ya gani ba. Na tattara duk ƙarfin halina na tambaye shi ko zan iya rubutu, don jarrabawar bak, ta gama sakandare, tana jirana a farkon damina. Bai dube ni ba. Ya juya ga babana da ya kawo ni, ya ce, "Yarinya ce, nama zai haɗe. Sai haƙuri."

Nama ya haɗe. Yatsa ya ƙi lanƙwasa. In na dunƙule hannu sauran su kwanta, shi ya tsaya a miƙe. Da na koma makaranta wata ƴar ajinmu ta ce, "Malama, har yanzu ba ki idar da tahiya ba?" Aji ya kwashe da dariya. Ni ma na yi murmushi, don ban san abin da zan yi da fuskata ba.

Ban iya surutu ba, ban iya wasa ba, in aka tsayar da ni gaban mutane muryata ɓacewa take yi. Abu ɗaya nake da shi, rubutu. Ni mushe, malaminmu, yake kira in rubuta darasi a allo. Kayena na rubutun darasi ake aro in an yi fashin makaranta. Yanzu in na kama bik zan yi rubutu sai ya zame, in na matse shi da ƙarfi zafi ya taso daga tafin hannu har gwiwa. Na koma hannun hagu, ina zana baƙaƙe kamar ƴar aji ɗaya, mushe yana shifta, ni ina layi na biyu shi ya kai ƙasan shafi.

A Tanut gidan Kawu nake zaune, ƙanen Innarmu, mai sayar da hatsi a kasuwa. Mutum ne mai son mutane, kuma yana sona, wannan ban taɓa shakka ba. A gwiwarsa da bayansa akwai tabon wuta, inda kakanmu ya ɗora masa ƙarfe mai zafi yana yaro, kamar yadda ake yi wa raƙumi in ya gurɗe. Yana nuna tabon nan da alfahari. A ganinsa ciwo ba ya barin jiki sai an kawo masa zafin da ya fi nasa.

Wata ranar kasuwa ya dawo da ɗan inji a kwali, bai kai tafin hannu girma ba. Yana da batir, da wayoyi biyu, kowace da faci mai danƙo a bakinta, da wani ɗan maɓalli da ake murɗawa. Mai tallar ya ce masa wutar tana tayar da jijiyar da ta mutu. Kawu ya shigo yana washe baki.

"Ƴar boko, kawo hannun. An daina ƙarfe da garwashi, yanzu wutar Nasara ce."

Ya manna facin a damtsena, ƙasa da gwiwar hannu, ya murɗa. Da fari kamar tururuwa ke tafiya a ƙarƙashin fata, har na ji daɗi, zafin da ke damuna ya lafa. Na ce masa nan ya isa. Ya ce, "Ya isa me? Wannan ai cakulkuli ne." Ya murɗe maɓallin har ƙarshe. Hannuna ya fizge, haƙorana suka haɗu, na ji kamar ana dukan ƙashin da taɓarya daga ciki. Matar Kawu ta riƙe mini kafaɗa tana cewa in daure, sauƙi ne ke shiga.

Haka muka yi kowace rana bayan la'asar. Kafin mako ya zagayo labarin injin ya cika unguwa. Tsofaffi suka riƙa zuwa zaure da gwiwoyinsu da ƙugunansu, ana shan shayi ana gasar wanda zai jure ƙarshen maɓalli. Wani dattijo mai kiwon raƙuma da ya daɗe yana fama da baya ya rantse ya kwana lafiya bayan an sa masa. Na yarda da shi, injin yana kwantar da zafi, ni ma na shaida. Sai dai wannan shi ya zama hujja a kaina. Tunda ya yi wa tsoho aiki, in bai yi mini ba laifina ne.

"Raki gare ta," in ji Kawu, a gaban mutane. "Da ta ji ya fara cizo sai ta janye."

Ban janye ba. Kallo nake yi. Duk sanda wutar ta shiga, tsokar damtsena takan taso, yatsu uku su lanƙwashe da kansu ko ban so ba, manuniya kuwa ko motsi. Na kalla yau, na kalla gobe, abu ɗaya ne. Wata rana na ce, "Kawu, takarkarin yana ja. Igiyar ce ba ta kai ga wasakin ba. Ko an kashe shi da duka ruwa ba zai hau ba."

Ya dube ni, ya juya ga abokansa. "Kun ji falsafa! Hannunta ya zama rijiya." Suka yi dariya har ɗaya ya ƙware da shayi. Sannan ya ce in miƙo hannu, na miƙa.

Wannan miƙawar ita ce har yau take tafasa mini zuciya. An rene ni in babba ya ce kawo, in kawo. An koya mini cewa yarinyar kirki ba ta cewa wayyo. Duk wanda na tambaya ko zan riƙe bik ranar jarrabawa, amsa ɗaya ce da fuska daban-daban: Allah ya sawwaƙe, sai haƙuri, in sha Allahu. Ni ma na san da Allah. Tambayar yatsa nake yi, ba wanda ya ga ya kamata ya ba ni amsar yatsa.

Danƙon facin ya ƙare saboda yawan gwiwoyin da ya bi. Kawu ya riƙa jiƙa shi da ruwa yana ɗaurewa da tsumma. Wutar ta daina bazuwa, ta koma cizo wuri guda. Fatar ta yi ja, ta yi ƙuna biyu, zagaye kamar bakin kofin shayi. Kawu ya ga ƙunar ya ce alhamdu lillahi, ciwon ne ya sami ƙofar fita.

A cikin haka aka yi jarrabawar gwaji. Na san amsar, na san ta sarai, har da yadda zan jera hujjojin. Hannun hagu ya kai ni rabin hanya aka ce a ajiye bik. Da aka dawo da takardu mushen falsafa ya ja layi ja a gefen tawa ya rubuta cewa ba ta karantuwa. Ni. Na ninke ta na sa a jaka, na tafi bayan ajin na tsaya ina kallon katanga har aka buga ƙararrawa.

Inna ce ta zo kasuwa da wake ta biyo ta gidan. Ina zuba mata ruwa mayafina ya zame, ta ga damtsen. Ba ta tambaye ni ba. Ta miƙe ta nufi zaure, inda ƙanenta yake tsakiyar baƙinsa, ta tsaya a bakin ƙofa.

"Kai, auta. Ɗiya na ba ka ko raƙumi?"

"Yaya, magani ne, ki tambayi kowa a nan..."

"Na tambaye ka. Tsohonmu ya ƙona ka, har yau da dare kana ɗingishi, ka ɗauka ban sani ba? Shi ne za ka gada a kan hannun da take ci da shi?"

Kawu ya ce shi alheri ya nufa. Inna ta ce ta sani, shi ya sa ba ta fasa injin a kansa ba. Washegari muka shiga mota zuwa Damagaram.

A babbar likita wani dokta ya duba hannun ya tura mu sashen motsa gaɓoɓi, wanda ake kira kine. Wata mata ce a wurin, gajera, ta ɗan manyanta, tana magana da sauri. Ina ganin injin da ke kan teburinta, babba mai wayoyi, na mayar da hannuna bayana ban ma sani ba. Ta ɗaga mayafin ta ga ƙunar, ta yi tsaki.

"Wa ya gasa ki?"

Inna ta ce, "Ƙanena ne, da ɗan injin kasuwa."

"Ya murɗe shi duka, ko? Maza! Komai sai sun ji ya yi ƙara."

Ta manna faci sabo nesa da ƙunar, ta ce in gaya mata da zarar na ji tururuwa. Na ji, na faɗa, ta tsaya nan. Ta ƙara kaɗan, yatsu uku suka kwanta a hankali, ba zafi. Manuniya ta tsaya. Ta kashe injin, ta kama yatsan ta lanƙwasa shi da hannunta, ya lanƙwashe ba gardama.

"Tsokarki lafiya lau, gaɓar ma ba ta ƙage ba. Jijiyar da ke jan yatsan ce ta tsinke, ta ja da baya. Wuta tana tayar da tsoka, tana rage zafi, amma ba ta ɗinki. Ranar da aka yanke ki ya kamata a ɗinke ta."

Wata da watanni ina ƙonuwa a kan abin da na riga na faɗa a zaure aka yi dariya. Ta ci gaba da cewa yanzu sai an yi aiki, mai yiwuwa sau biyu, bayan haka hannun zai daɗe a ɗaure, sannan ne injinta zai yi amfani, ya taimaki tsokar ta koyi ja. Inna tana ta godiya, tana gyara ɗaurin zane za mu tashi. Na ƙi tashi. Ban taɓa ƙin tashi ba in Inna ta tashi.

"Madam," na ce, "kada ki ce mini sai haƙuri. Jarrabawa ta matso. Zan riƙe bik ko ba zan riƙe ba?"

Ta dube ni, ni, ba Inna ba. Ta zaro bik daga aljihun rigarta ta cusa shi tsakanin babban yatsana da na tsakiya, ta bar manuniyar a kwance a samansa.

"Da wannan yatsan, a'a. Ba bana ba, ko da zan sa miki wutar Damagaram duka. Aikin zai iya jira sai kin gama, muddin kina lanƙwasa shi da ɗaya hannun kullum kada ya ƙage. Da na tsakiyan za ki rubuta. Rubutun zai yi muni, zai yi miki ciwo, amma zai karantu. Ga takarda, ƙanwata, fara."