Kwantan da Gwaggo Ta Saya

Gwaggona ba ta iya karatu ba, amma ban taɓa ganin wanda ya ci moriyar jarida kamarta ba. Shagonta ɗan ƙarami ne, a kan titin da ya bi ta bayan maɗaba'a. Sabulu take sayarwa, da gishiri, da ashana, da allura, kuma duk abin da ka saya sai ta naɗe maka shi a takarda, ko da allura ɗaya ce.

Mijinta shi ke tuƙa injin buga jarida a maɗaba'ar. Baƙin Hannu ake ce masa, don duk sabulun shagon matarsa bai taɓa fitar da tawadar da ke farcensa ba. Gwaggo takan ce shi ne babban abin kunyar sana'arta.

A shekarun ƙarshe na tsohuwar gwamnati, jaridar ba ta da aiki sai yabon Shugaba. A lokacin ne wasu ƙananan takardu suka fara yawo a gari, suna faɗin wanda aka kama da wanda ya ɓata. Ana samunsu a kujerar mota da ƙarƙashin ƙofa. Baƙin Hannu ne ke buga su da guntayen takardar da injin ya rage, idan ma'aikata sun fita cin abincin rana. Editan jaridar ya sani. Ya ga iska na neman juyawa, sai ya kau da kai.

Da 'yan sanda suka gano cewa haruffan na maɗaba'arsa ne, Edita bai tsaya wata-wata ba. Da kansa ya kai su ɗakin inji ya nuna musu mutumin. Washegari ya cika shafin farko da bayani, ga hotonsa yana gaisawa da shugaban 'yan sanda, haƙora a waje. Ya rubuta cewa wannan maci amana shi kaɗai ya shirya takardun, shi kaɗai ya buga su, kuma shi Edita yana alfahari da miƙa shi da hannunsa. Baƙin Hannu bai dawo ba. Ko gawarsa ba a ba Gwaggo ba.

Don neman suna, Edita ya sa aka buga fitowar ranar fiye da kima, mutane kuwa suka ƙi saye. Ta yi kwantai tuli guda. Al'adar maɗaba'ar ce a ɗora kwantai a sikeli a sayar wa 'yan tireda, don haka ba wanda ya yi mamaki da Gwaggo ta turo mai kura ya kwashe shi kaf. Ni ta sa na karanta mata shafin sau ɗaya, tana zaune ko motsi ba ta yi. Sannan aka jibge ƙullin jaridun a ɗakin kwananta har rufi, ta ɗaga gadonta ta cusa sauran a ƙasa. Babana ya yi faɗa, ya ce wace mace ke kwana da abin da ya kashe mata miji. Ta yi kunnen uwar shegu da shi. Ta ci gaba da naɗe sabulu da wasu takardun, waɗannan ko ɗaya ba ta taɓa ba, sai dai ta fitar da su shan rana saboda gara.

Da juyin juya hali ya zo, gwamnati ta faɗi, kafin a share gilasan da aka farfasa a titi Edita ya sauya sheƙa. Ya ƙone tsofaffin jaridun da ke ma'ajiyar maɗaba'a, ya ce tarkacen zalunci ne. Sai ga shi a rediyo yana ba da labarin yadda ya sayar da ransa ya buga takardun nan da suka tada gari. Sunan Baƙin Hannu ko da wasa bai fito daga bakinsa ba. Ranar da na ji shi, da rediyon nawa ne da na rotsa shi da ƙasa. Aka kuma sanar cewa za a sa wa titin namu sunan Edita, a ranar cikar juyin shekara guda.

Washegari da safe Gwaggo ta kwance ƙulli na farko.

Tana da yadda take naɗin. Takan yage shafin farko, ta ɗora sabulu a bayansa, ta ninke ta yadda haƙoran Edita za su kasance a sama, suna kallon mai saye. Ba ta cewa kowa ya karanta. In ka tambaya, sai ta ce ita jahila ce, takarda ce kawai. Sabulu kuwa ba gidan da ba ya shiga. Mata suka kai gida, mazajensu suka warware suka karanta. Masu shayi suka manna a bango. Mai nama na kusa da ita ya roƙi ƙulli ɗaya, mai ƙusa ya karɓi nasa, har gari ya koma ba abin da za ka saya bai zo maka da murmushin Edita ba. Abin da ya fi yi mini daɗi shi ne, kalmomin da ya kashe mutumin da su, su ne yanzu suke ba shi shaida: shi kaɗai ya shirya, shi kaɗai ya buga.

Kwamitin bikin ya fara jan ƙafa. Sai Edita ya turo direbansa ya sayi takardun duka, Gwaggo ta ce ita sabulu take sayarwa. Da ido ya raina fata, Edita ya zo da kansa da hantsi, ya tsaya a bakin shagon, mutane suna ta rage tafiya don su gani. Ya rame, rigar ta yi masa yawa. Ban ji tausayinsa ba ko ƙwayar zarra, har yau kuma ban ji ba.

Ya yi ta'aziyyar da ya makara da ita, ya kawo zancen zamani da tilas, ya ce kowa ya san halin da aka shiga. Gwaggo tana ta jera ashana.

"Baiwar Allah, ki bar abin nan haka," in ji shi. "Gobe zan ba marigayi shafin farko gaba ɗaya. Duk abin da kike so a faɗa a kansa, ni zan rubuta da hannuna."

Ta ɗago ta dube shi sosai.

"Ai ka riga ka rubuta, ranka ya daɗe. Wancan ya ishe ni."

Ta ɗauko sabulu ɗaya, ta yage shafi, ta naɗe a hankali, hoton a sama, ta miƙa masa. Ta ce kyauta ce, ya je ya gwada ko nasa hannun zai fita.

Titin dai har yau ba shi da suna a allo, amma ka ce wa kowane direba ya kai ka layin Baƙin Hannu, zai kai ka. Gwaggo ta tsufa, idonta ya yi rauni, ni ke zama a shagon yanzu. Ranar da ta ba ni makulli, ta nuna mini ƙullin jaridun da suka rage a ƙarƙashin gado, ta ce kada in kuskura in naɗe da wata takarda sai sun ƙare.