Tunkiyata Ba Za Ta Je Wurin Karta Ba

Jiya muna kallon wani tsohon wasan talabijin, inda wani ya sa gonarsa a karta, sai Kawu ya tafa: "Namiji ke nan!"

Kwanan nan yake ta lallashin Inna ta ba shi tunkiyar da Kaka ta bar min, alhali kowa ya san da 'yan karta yake wuni a Kasuwar Daji.

Ni da ba na ɗaga ido gaban manya, sai na ce, "Kawu, shi gonarsa ya sa, ba tunkiyar ɗiyar ƙanwarsa ba."

"Ke! Yaushe kika yi baki?"

"Yau, Kawu."

Na ɗaure ta a ƙofar ɗakina. In rashin kunya na yi, ku faɗa min, amma igiyar nan ba zan kwance ba.