Littattafai Biyar da Rijiyoyin Arewa

Na zo Dakoro shekaru kaɗan bayan samun ƴancin kai, a bayan wata kamyo, babbar motar kaya, da ta ɗauko gishiri da kananzir daga Maradi. Mahaifina manomin gyaɗa ne a bakin gulbi, ni kuwa ban taɓa taka arewa ba sai ranar. An ɗauke ni kwami, wato magatakardan biro. Babbanmu ɗan ƙasa ne kamar mu, amma mutane ba su daina ce masa kwamandan ba, shi ma bai hana ba.

Aikina buga takardu ne a mashin, da ajiye waɗanda aka gama da su. Akwai wani ɗaki a bayan biro mai taga ɗaya, nan Turawa suka bar rahotannin rangadinsu. Kowace shekara da ƙunshinta, an ɗaure da igiya, an rubuta sunan wanda ya yi rangadin a sama. Gara ta ci gindin waɗansu. Ba mai shiga ɗakin sai ni, ni ma sai in zan ƙara wani ƙunshi a kan kanta.

A shekarata ta biyu aka aiko mana wani mai awon ƙasa, mutumin Damagaram, dogo, mai magana a hankali. Gwamnati tana son a san rijiyoyin arewa da ke bukatar siminti, shi aka ɗora wa fara lissafo su. Ya ce in kawo masa duk abin da aka taɓa rubutawa a kan rijiyoyin da ke tsakaninmu da Azagor. Kwana uku na yi ina kwance igiya, na tara masa takardu har suka rufe tebur. Na zaci zai yaba. Sai ya shimfiɗa taswira a ƙasa, ya dangwala yatsa a kan wani ɗigo.

"Wannan rijiya, gaba nawa ce? Tana ƙafewa da bazara?"

Na ce, "Mushe," yadda ake kiran babba da Faransanci, "yana cikin takardun nan."

"Na yarda yana ciki. A wace?"

Na shiga jujjuya takardu, ban gano ta ba. Bai yi faɗa ba. Ya ce laifin ba nawa ba ne, waɗanda suka jera takardun sun jera su ne don a san wanda ya yi aiki, ba don a san ƙasa ba. Ya yagi takarda daga kayensa, ya zauna a bakin tebur ya rubuta sunayen littattafai biyar, duka da Faransanci.

"Ƙanena, ka karanta waɗannan, kuma yadda na jera su za ka bi. Kada ka tsallake."

A gefen kowane suna ya yi ɗan bayani. Na farko na karatun taswira ne, ya ce babi uku na farko sun ishe ni, sauran na sojoji ne. Na biyu ƙaramin littafi ne da aka yi don masu kula da ɗakunan karatu, yana koyar da yadda ake jera bayani a ƴan kwalaye don a same shi da sauri. Ya ja layi biyu a ƙarƙashinsa. Akwai na ruwan ƙarƙashin ƙasa, da wani a kan yadda ake rubuta sunayen wurare. Na ƙarshe na karanta hotunan da ake ɗauka daga jirgin sama ne, a gefensa ya rubuta: in ka samu.

Samun su ya fi karanta su wuya. Na taswira yana hannun babban mushen lakwal ɗin garin, wato shugaban makaranta, ya ba ni aro bayan ya sa na yi alkawarin yi masa bango da takardar siminti. Na ruwa mai awon ƙasa ya bar mini nasa ranar da zai koma. Na kwalaye kuwa wani abokinsa ke da shi a Maradi, kuma wani Alhaji mai fataucin hatsi tsakanin Maradi da Nijeriya ya taho mini da shi cikin aljihun babbar rigarsa. Da ya miƙo mini ya ce, "Ɗan wannan abu ne ka dame ni da aike a kansa? Ai ko allo ya fi shi girma." Na sunayen wurare sai bayan damina ya iso ta fosta daga Yamai. Na hotunan jirgi har na bar aiki ban sa shi a ido ba.

Ina karantawa da rana, lokacin da ake rufe biro don zafi. Faransancina na lakwal ne, wani shafi sai na maimaita shi sau uku. Littafin ruwa ya fi ƙarfina, na fahimci kashi ɗaya na bar biyu. Amma ɗan ƙaramin nan ya shige ni. Abin da yake cewa ba shi da yawa: abu ɗaya, kwali ɗaya. A rubuta sunan abin a sama, a ƙasa a rubuta inda bayaninsa yake. In abu yana da suna biyu, a yi wa na biyun kwalinsa, a rubuta "duba wancan". Na yi mamakin yadda abu mai sauƙi haka bai taɓa zo mini a rai ba.

Ba mu da kwalayen da littafin ya kwatanta, sai na riƙa karɓo kwalin sukari daga masu shayi a kasuwa ina yankawa daidai tafin hannu. Wani kafinta ya gyara mini tsohon akwatin ganyen shayi. Na koma ɗakin bayan nan na bi rahotannin ɗaya bayan ɗaya. Duk inda aka ambaci rijiya, in ɗauko kwalinta in rubuta: ƙunshi kaza, shafi kaza, ga abin da aka ce. Kowace rijiya na ba ta lamba, na rubuta lambar da jar tawada kusa da ɗigonta a taswira. In ka nuna wuri a taswira sai lamba ta kai ka ga kwali, kwali ya kai ka ga takarda. In kuma suna ka sani, kwali ya mayar da kai taswira.

Sunaye ne suka ba ni wahala. Rijiya guda sai ka tarar Hausawa suna kiranta da sunan wanda ya gina ta, Fulani da sunan itacen da ke kusa, Buzaye kuma da sunan tudun da ke gabanta. Ga shi kowane Bature ya rubuta yadda kunnensa ya ji. A nan tsohon tafintan biro ya cece ni. Dattijo ne da ya yi shekaru yana bin masu rangadi a kan raƙumi, yana jin Fulatanci da Buzanci kamar a cikinsu aka haife shi. Bayan la'asar sai in shimfiɗa masa tabarma a bakin ɗakin, in riƙa karanto sunaye yadda aka rubuta su. Wani lokaci sai ya yi dariya har ya riƙe ciki.

"Sake faɗi, ɗana. Mi ya rubuta?"

In sake. Ya ce, "Wanga ba sunan rijiya ba ne. Ya tambayi mutum ne, mutumin ya ce mishi ban sani ba, shi ko ya rubuta."

Ana cikin haka aka yi wa dattijon rasuwa a wajen Adjekoria, ya tafi ya yi makonni. A lokacin ne Maradi ta aiko tana son jerin rijiyoyin da ba a yi wa siminti ba, cikin gaggawa. Saura kwalaye kaɗan ban tantance ba. Biyu daga ciki suka tsaya mini: ɗaya sunan Fulatanci, ɗaya na Buzanci. Na tambayi wani gardi da ke ɗan jin harsunan, ya ce duka biyun ma'anarsu rijiyar aduwa. Rahotanni sun ce kowacce tafiyar kwana biyu ce arewa da mu. Na duba taswira, ɗigo ɗaya ne a wurin. Na ce shi ke nan, rijiya ɗaya ce mai suna biyu, irin abin da littafi ya faɗa. Na haɗa su, na rubuta "duba wancan". Tun da rahoto ɗaya ya ce an riga an yi mata siminti, ban sa ta a jerin ba. Kwamandan ya sa hannu, takarda ta tafi. Har na ji daɗin kaina a ranar.

Da bazara ta kama sosai, wani arɗo ya zo biro da mutum biyu. Ya ce masu aikin rijiyoyi sun wuce da siminti ta kusa da su, ba su tsaya ba, sun ce ba a rubuta su ba. Bakin rijiyarsu kuwa yana zubewa, sun daina sa shanu su ja guga don tsoron kada ta rufta. Kwamandan ya sa aka kira ni. Na shigo da kwalina a hannu, ban ko yi shakka ba.

"Ranka ya daɗe, wannan rijiya an yi mata siminti tun zamanin Turawa. Ga shi a rubuce."

Tafinta, wanda ya dawo tun tuni, ya juya wa arɗo maganar. Arɗo ya dube ni, ya amsa da Hausa da kansa.

"Malam, shekaranjiya na sha ruwanta. Itace ne a bakinta, ubana ya jera shi."

Tafinta ya ce in karanta masa abin da ke kan kwalin. Na karanta sunan farko, na karanta na biyu. Ya girgiza kai.

"Biyu ne, ɗana. Ta Buzaye tana yamma, ita aka yi ma siminti. Ta su arɗo tana gabas, tafiyar rabin yini. Kowacce da aduwarta."

Na so in ce taswira ce ta nuna ɗigo ɗaya, na so in ce gardi ne ya faɗa mini, amma na san ni na riƙe alƙalami, kuma da na jira dattijon da ba a yi haka ba. Na ce, "Ranka ya daɗe, ni na haɗa su." Kwamandan bai ɗaga murya ba. Ya ce tun da na iya haɗa rijiyoyi ina zaune, sai in tashi in je in raba su.

Washegari muka kama hanya a kan raƙuma, ni da tafinta da su arɗo. Ban taɓa hawan raƙumi ba, kafin azahar cinyoyina sun saluɓe. Muka fara isa ta Buzaye, ga siminti nan fes, ga komin shayar da dabbobi, mata suna ta cika salka. Daga nan muka yi gabas. Na duba agogo da muka tashi, na duba da muka sauka, na rubuta, don ba ni da wani abin awo. Ta su arɗo tana cikin wani kwari. Itatuwan bakinta duk igiya ta yi musu zurfafan zane, gefe ɗaya ya zauna, ƙasa tana gangarawa ciki in an taka kusa. Mutum biyu ne ke jan guga da hannu, don ruwan sha kawai. Shanu kuwa an kora su wata rijiya mai nisa, ana kai su kwana ɗaya a huta ɗaya.

Na zura igiya na auna zurfinta da gaba, na tambayi watan da ruwanta ke ja baya, na rubuta. Matar arɗo ta kawo mana nono, ta ba da haƙuri cewa ba yawa, shanu ba sa kusa. Da muke sha arɗo ya ce maruƙa sun mutu musu a wannan kai da kawowar, ya faɗi haka kamar mai ba da labarin wani. Bai ce ni na jawo ba. Da ya zage ni da na fi samun sauƙi.

Da muka dawo ni na buga takardar gyara, na rubuta a fili cewa kuskuren daga wurina ne, kwamandan ya sa hannu. Na kuma rubuta wa mai awon ƙasa na ba shi labari. Amsarsa layi uku ce. Ya ce taswirar ma mutum ne ya zana ta, kuma ya ƙara ɗigon a tasa. Ya ce daga yau kada in haɗa suna biyu sai na sami wanda ya sha ruwan wurin da bakinsa.

Sauran bazarar nan muka zauna da tafinta muka bi duk kwalayen da na taɓa haɗawa. Muka sami wani guda mai irin wannan matsala, Allah ya sa ba a kai ga aika shi ko'ina ba. Waɗanda dattijon bai tabbatar ba, sai mu jira ranar kasuwa, ya nemo makiyayan wajen ya kawo mini su bakin ɗaki. Waɗansu har na tashi daga Dakoro suna ɗauke da rubutun "ba a tabbatar ba", ban ga laifin barin su haka ba.

Masu siminti ba su koma wajen ba sai shekara ta gaba. Bayan an gama aikin arɗo ya shigo gari sayar da bijimi, ya biyo ta biro. Muka gaisa, ya ce ruwa ya samu, shanu sun dawo gida. Sai ya ce yana son ganin ƴar takardar nan da aka yi magana a kanta. Na ɗauko sabon kwalin rijiyarsu na ba shi. Ya juya shi gaba da baya, ya ce in karanta masa. Na karanta suna, da zurfi, da nisanta daga ta Buzaye, da cewa an yi mata siminti.

"Ba ka sa wanda ya gina ta ba," in ji shi.

Na ce ba a rubuta a ko'ina ba. Ya faɗi sunan mahaifinsa, ya maimaita a hankali, tafinta ya gyara mini harafi ɗaya. Na rubuta a ƙasan kwalin, na hura tawadar ta bushe. Ya yi mana sallama, ya ce zai koma kasuwa kafin dillali ya gaji da jira.