Taku Huɗu a Cikin Waya

'Yata ta fara tafiya ne wata ranar Juma'a a tsakar gidanmu na Sabo, ina tsugune ina ƙulla zoɓon sayarwa. Babanta ya dawo daga masallaci ke nan, bai koma rumfarsa ta albasa a kasuwar Bodija ba. Ya zaro waya zai ɗauke ta bidiyo, garin sauri ya danne wurin hoto, wayar ta yi ta ɗauka a jere. Na yi ta masa tsiya, na ce ko waya bai iya riƙewa ba.

Wata biyu bayan nan zazzaɓi ya kama ta. Kwana uku muka yi a asibiti, ranar na huɗu Allah ya karɓi abarsa. Babanta ya bar min wayar, ya ce ba zai iya riƙe ta ba.

Sai bayan arba'in na buɗe. Hotuna goma sha huɗu ne, kusan iri ɗaya. Ina jan su da yatsa, sai suka wuce da sauri. Kawai na ga 'yata ta ɗaga ƙafa, ta yi tangaɗi, ta nufo ni. Taku huɗu. A na ƙarshe hannunta a miƙe, bai kai gare ni ba.

Ƙanwata, wadda ke koyon zanen katun a wani shagon kwamfuta a Mokola, ta same ni ina ta maimaitawa. Ta ce ai duk katun haka yake, hotuna ne a tsaye, in suka gifta da sauri ido ya cike abin da ke tsakaninsu. Ta ce za ta iya sa kwamfuta ta ƙara takun har yarinyar ta iso. Na amince.

Da ta kawo, yarinyar ta iso ɗin kuwa, ta faɗa jikina tana dariya, haƙora cike da baki. 'Yata kuwa haƙora huɗu gare ta.

"Yaya, zan iya gyarawa."

"Goge shi. Ba ita ba ce."

Babanta bai taɓa kallon hotunan ba, sai wata safiya zai fita kasuwa ya ce in miƙo masa wayar. Ya riƙa ja ɗaya bayan ɗaya, a hankali, kamar mai tsoron kada ta faɗi, ya ce shi bai ga ta motsa ba. Na ɗora yatsana kan nasa, muka ja da sauri. Ya zauna a bakin ƙofa, ya rufe fuska da hularsa. Ranar bai je kasuwa ba.