Daɓen da Ƙanena Ya Bari a Yelwa

Ƙanena bai iya zama wuri ɗaya ba tun yana rarrafe. Ni ne mai sanyin jiki a gidanmu, ma'aikacin ofis. Shi kuwa daga kwaleji ya shige soja, ya fito da anini a kafaɗa da jarabar wani wasa wai shi kurket. Ba sana'arsa ba ce, a makaranta ya koyo, amma in ya fara ba ka labarin yadda ake jefa ƙwallon nan mai taurin goruba, sai ka nemi hanyar gudu.

Hutun da ya zo bayan an mai da Jalingo babban birnin jiha, kwana biyu kawai ya yi ya fara zagaye gida kamar kaza mai neman wurin ƙwai. Yana da fili a unguwar Yelwa, wanda babanmu ya bar masa, ko bulo ɗaya bai ajiye ba. Ya auna taku ashirin da biyu a tsakiya ya ce nan za a yi wasa, sai dai ƙasar ta yi laushi, ƙwallo ba ta tashi. Ya nemi motar danne hanya har ya gaji. Dada, mahaifiyarmu, ita ma ta gaji da mitarsa.

"Ƙasa mai ƙarfi kake so? Ba daɓe ba ke nan? Kawo tsakuwa da makuba, ka matsa ka ba mu wuri."

Ta tara ƙawayenta, suka durƙusa da madaɓai kwana uku, suna waƙa suna yi masa tsiya, wai soja ya yi ɗakin amarya ba bango ba rufi. Daɓen ya fito sumul. Ya tattaro malaman makaranta biyu da wani mai gyaran rediyo, ni kuma aka tsayar da ni can gefe cikin rana, in jira ƙwallon da ba ta zuwa. Haushi nake ji, amma ban taɓa ganinsa cikin farin ciki irin na makonnin nan ba.

Ranar da zai koma ya kira ni yadda muke kiran yaya a gidanmu, ya ce, "Hamma, ka riƙa yayyafa masa ruwa kar ya tsage. Kuma kar ka bar awaki su hau."

Daga bariki aka tura su Laberiya, inda ake yaƙi. Wasiƙa biyu muka samu. Ta uku ba ta zo ba, sai hafsoshi biyu suka zo suka zauna a zaurenmu, suka cire hula. An yi wa motarsa kwanton ɓauna, a can aka binne shi. Muka yi masa salla babu gawa a gabanmu. Ya bar mata da 'ya mai wata bakwai.

Ban yi kuka ba. Zama ne dai ya gagare ni. A ofis sai in buɗe fayil in rufe, in fita in dawo. La'asar na yi sai in ɗaure jarka a bayan babur in nufi Yelwa, in share daɓen, in yayyafa ruwa, in kori awakin mutane da zagi. Ba mai yin wasan kuma, ni ma ban iya ba.

Matarsa ta gama takaba ta koma gidansu a Abbare, gidan da ya cika har ya batse. Dangi suka yarda a bar mata filin ita da 'yarta, mahaifinta ya ce zai gina musu ɗaki biyu. Filin ƙarami ne, ko ta ina aka ja igiya sai ta bi ta kan daɓen. Takardun suna hannuna. Na ce a bari sai bayan damina. Damina ta wuce na ce sai bayan salla. Haka na yi ta ja musu rai har shekara biyu, na kuma san abin da nake yi.

Wata la'asar matar ƙanena ta same ni a filin da tsintsiya a hannu, yarinyar na goye a bayanta.

"Hamma, sannu da aiki."

Na amsa ban ɗago ba.

"Mu bakwai ne a ɗaki. Ruwa yana zuba a kan 'yar ƙanenka, jiya a tsaye na kwana da ita. Kai kana nan kana ba ƙasa ruwa." Muryarta ba ta ko rawa. "Ni ma mijina ne fa. Ba zai dawo ba, Hamma."

Na ajiye tsintsiyar. Kunya ta rufe ni.

Na ba da takardun. Ranar Asabar magina suka zo, suka ja igiya. Da lebura ya ɗaga diga sai na ji ba zan iya kallon baƙo ya fasa shi ba, na karɓe. Sara uku na yi kafin daɓen ya tsage. Na ci gaba da haƙa, magini yana cewa ya isa haka, ban ji ba, har ramin ya kai mini ƙugu. Ba mu samu mun haƙa wa ƙanena kabari ba. A cikin ramin nan na zauna na yi kukansa, magina suka koma gindin mangwaro suka jira ni.